Almakashi da Tartsatsi

Jama'a, na ga saƙonninku. Masu cewa "Nuriat, ina aka kwana da maganar Twaha?" da masu cewa na cika jan rai, duk ku gyara zama. Amma sai na fara yi muku fariya da teburina, don in ba ku san teburin nan ba, ba za ku gane yadda aurena ya kusa tsayawa a kan kati biyu ba.

Duk ranar Lahadi bayan la'asar, ni nake buɗe teburin kartar poka a waya. Ba na kowa da kowa ba ne. Sai wanda na aika wa lambar shiga, sannan na danna masa izini da yatsana. Na fara shi ne lokacin kullen korona, ni da ƙawayena na nan unguwar Kawempe, a ƙasar Buganda, da zaman gida ya ishe mu. Daga baya wannan ta kawo yayanta, wancan ya kawo abokin aikinsa, har kujeru suka cika. Ba a sa kuɗi a teburina, ko shilin ɗaya. Ƙwandalolin wasa ne, waɗanda ko gurasar capati ba za su saya maka ba. Wanda ya cinye yana ɗaura kambi a gefen sunansa har mako ya zagayo, wanda aka fara kora kuma sai ya sa hoton akuya. Kar ku raina akuyar nan. Na ji magidanci mai 'ya'ya uku yana roƙona a waya in cire masa ita, kamar zai yi kuka.

Babbar dokar kuwa, wadda nake taƙama da ita: kowa da laƙabi yake shiga, ni kaɗai na san wane ne wane, kuma ban taɓa faɗa wa kowa ba. An gwada ni da zaƙin baki, an gwada ni da gasasshiyar kaza, bakina alaikum.

Ga wanda bai san wasan ba: kati biyu ake ba ka a rufe, a baje biyar a tsakiya kowa ya haɗa da nasa. In kana ganin naka ya fi, ka ƙara ƙwandala. In ka tsorata, ka zubar ka janye. Rabinsa kati ne, rabinsa burga.

Twaha, wanda kuka sani yana nemana, walda yake yi a unguwar Katwe, ƙofofi da tagogi. Bai yi nisa a makaranta ba, ya ce kujerar aji ƙaiƙayi take sa shi. Har yau in yana magana da kai ƙafarsa rawa take. A teburi sunansa Tartsatsi, kuma ya ci sunan, don bakinsa ba ya hutawa. Ya saita wayarsa yadda bayan kowane zagaye sai ta nuna wa kowa katin da ya riƙe, ko ya ci ko ya zubar, don kawai ya ƙona wa mutane rai.

Akwai ɗan wasa ɗaya da ya zame masa ƙarfen ƙafa: Almakashi. Shiru-shiru, ba ya shiga sai ya tabbata, in ya shiga kuma sai ya datse ka. Su biyun nan kamar zakarun gida ɗaya. Tartsatsi ya rubuta, "Almakashi, tsohon banza, yau ka dakushe, je ka wasa kanka a dutse." Almakashi ya mayar masa, "Yaro, tartsatsi ƙara yake yi, amma ba ya dafa ko ruwan shayi." Teburi ya ɗauki dariya.

To, ku matso kusa. Almakashi mahaifiyata ce.

Eh, Maama Mastula, mai ɗinkin gomesi, rigar gargajiyar matanmu, a shagon gaban gidanmu, wadda ba ta fita ba mayafi, wadda matan unguwa ke kawo wa ƙarar mazajensu. Bayan rasuwar babanmu ta gama takaba amma kamar ba ta fita ba. Keken ɗinki ya yi ƙura. Ta zauna ta zuba wa bango ido, a sa mata matoke, tuwon ayabarmu, da miyar gyaɗa ya huce a gabanta. Wata Lahadi ina wasa a kan tabarma, ban san tana leƙen wayata ta bayana ba, sai na ji ta ce, "Wancan ƙarya yake. Ba shi da komai."

"Maama, ya kika sani?"

"Ya yi saurin turawa. Haka masu kawo ɗinki suke yi in ba su da niyyar dawowa."

Na bi shi, ashe kuwa ba shi da komai. Ranar na ga haƙoran Maama a karo na farko tun da aka fita da gawar Baba. Mako na zagayowa ta miƙo min wayarta ta ce, "Sa min abin nan. In kika faɗa wa wani, sai na yanke miki kunne." Keke ya dawo yana kuka a shago. Ni kuwa na zauna tsakanin uwata da saurayina, ina kallonsu suna zagin juna kowace Lahadi, ba wanda ya san wanda yake zagi. Ina jin daɗi, wallahi. Ban yi tunanin ranar da abin zai juyo kaina ba.

Ssenga Jalia ce ta kawo ranar. Ƙanwar babana ce, wato ssenga da yarenmu, kuma kun san a wurinmu ba a maganar aure sai ta ƙofar gwaggo: gidanta saurayi yake fara zuwa gaisuwa, in ta rufe ƙofa, to, ya koma. Ta iso da hantsi cikin gomesi shuɗi mai kafaɗu tsaye kamar za ta tashi sama, ɗamarar ta kusa taɓa ƙasa, turarenta ya riga ta shigowa. Na durƙusa na gaishe ta, ta amsa da hanci.

"Mastula," ta ce wa Maama, "yaron nan da 'yarki take so in buɗe wa ƙofata, na bincika. Sana'a yana da ita, salla yana yi, dangi ba laifi. Amma an ce ɗan karta ne. A waya yake yi. Duk Lahadi!"

Maama ba ta ɗago daga keke ba. "Karta?" ta ce. "Subhanallahi."

Na sunkuyar da kai ina cizon leɓe.

"Ssenga, ba kuɗi ake sawa ba," na ce.

"Ke rufe min baki! Karta karta ce. Yau ba kuɗi, gobe ya sa katifarki." Ta juya ga Maama. "Ni dai ba zan dafa wa ɗan karta kaza ba sai kin ce kin yarda. Ke kika haife ta. In kin ce a'a, a'a ce."

Maama ta ciji zare ta tsinka. "Ba ni lokaci, Jalia. Zan duba halinsa."

Da Ssenga ta tafi na ce, "Maama, subhanallahi?"

"Me kike so in ce, alhamdulillahi? Miƙo min alli." Can ta ƙara da cewa, "Yana cikin teburinki?"

"Dokar teburi, Maama."

Ta harare ni ta saman tabarau, amma na ga gefen bakinta ya motsa.

A tsakiyar makon nan gilashin wayar Maama ya tsage, ta ba ni in kai gyara cikin gari. Twaha ya ɗauke ni a babur ɗinsa daga bakin kasuwar Kalerwe, don bai isa ya doso layinmu ba tukuna. Mai gyara ya gama, ya kunna wayar, ya miƙa wa Twaha saboda ni ina ciniki da mai ayaba. Sai ga tunatarwa ta faɗo a fuskar wayar: "Almakashi, an ajiye maka kujera ranar Lahadi."

Da na juyo na tarar ya zauna a kan dakali, ƙafar nan mai rawa ta tsaya cak.

"Nuru," in ji shi, don haka yake kirana, "wayar wa kika ce?"

Na ga abin da ya gani.

"Inna lillahi." Ya dafe kai da hannu biyu. "Tsohon banza na ce mata. Nuru, tsohon banza! Makon jiya na ce ta je ta wasa kanta a dutse! Akwai ranar da na ce in tana da mata, matar ta yi asara!"

"Ta yi dariya ranar har ta ƙware."

"Ke ba ki da imani! Kina kallo ina haƙa kabarina da bakina?"

"Ban taɓa faɗa wa kowa sunan kowa ba, ba zan fara a kanka ba don kana da gemu mai kyau."

"Uwar matata! Kakana ko hanya ɗaya ba ya bi da surukarsa, daji yake faɗawa. An ce wanda ya yi wasa da suruka karkarwa take kama shi. Dubi hannuna, ta fara!"

"Yunwa ce. Zo ka saya min ayabar nan."

Na ce masa ya yi kamar bai gani ba. Ya rantse zai yi. Ai kuwa.

Ranar Lahadi Tartsatsi ya shigo teburi kamar wanda ya zo gaisuwar mutuwa. Ya rubuta, "Assalamu alaikum, barkanmu da yamma, da fatan kowa yana lafiya da iyali." Kagimu, ɗan boda, wato acaba, da muka yi firamare tare, wanda kowa ya san shi ne Sarkin Hanya don shi da kansa ya tona kansa tun ranar farko, ya rubuta, "An sace wayar Tartsatsi, jama'a. Liman ne ya tsinta."

Almakashi ya jefa masa tsokana sau biyu, bai tanka ba. Duk zagayen da Almakashi ya shiga, sai Tartsatsi ya janye. Ina kan tabarma a falo, Maama tana kan kujerarta da ƙafa a kan ɗan benci, tabarau a ƙarshen hanci. Ina jin ta tana tsaki ƙasa-ƙasa.

Sai wani zagaye ya zo, kowa ya zubar, saura su biyu. Maama ta tura 'yan ƙwandaloli kaɗan, irin na gwaji. Tartsatsi ya zubar nan take. Amma bawan Allah ya manta da saitin da ya yi don ƙona wa mutane rai. Wayarsa ta buɗe katinsa a gaban kowa: sarki biyu. Ga kuma sarki na uku kwance a tsakiyar teburi.

Sarkin Hanya ya rubuta, "Kai! Sarakuna uku ka zubar? Ko Almakashi ne mai gidan da kake haya?"

Maama ta kife wayarta a cinya. Ta cire tabarau ta ninke.

"Nuriat."

"Na'am, Maama."

"Wane ne Tartsatsi?"

"Dokar teb—"

"Riƙe dokarki, ban tambaye ki don ban sani ba. A ƙasar Buganda namiji iri ɗaya ne yake ganin mace mai shekaruna ya sauka daga hanya ya sunkuyar da kai, alhali hanyar tasa ce." Ta nuna wayar da tabarau. "Wannan mai waldar ne."

Ban ce eh ba, ban ce a'a ba. Ku shaida.

Na ɗauka dariya za ta yi. Sai na ga idonta ya kawo ruwa, kuma ba na daɗi ba.

"Tun da ubanki ya rasu kowa yake bar min," ta ce. "Mai tumatir ta ƙara min ba na tambaya. Matan masallaci in na yi magana sai su ce haka ne, Mastula, ko da shirme na faɗa. Ke kanki kina tafiya a gidan nan da sanɗa. Mutum ɗaya ne a garin nan yake kallona ya ce tsohon banza, ya kwashe min ƙwandala ya yi min dariya. In na ci shi, na san na ci. Yanzu shi ma ya koma ba ni sadaka."

"Maama, kunya ce. Girmama ki yake."

"Bai gaishe da Jalia ba tukuna, ba surukina ba ne. Ɗan wasa ne a teburi." Ta mayar da tabarau. "Ki faɗa masa: Lahadi mai zuwa ya zo da haƙoransa. In ya sake bar min ko zagaye ɗaya, zan ce wa Jalia a'a. Namijin da zai ɓoye abin da ke hannunsa don ya faranta min, gobe zai ɓoye miki don ya faranta miki. Ba na ba shi 'yata."

Na shiga ɗaki na rubuta masa duka, kalma da kalma. Amsa ta zo a jere.

"Nuru, in na ci ta, na ci surukata."

"In na bar ta, na rasa ki."

"Wace irin jarrabawa ce wannan? Gara a ce in ɗauki ƙofar ƙarfe a ka har garin Entebbe."

Na rubuta, "Ka yi wasanka kawai."

"Har da zagin?"

"Ta ce ka zo da haƙoranka."

Ya aiko hoton mutum yana kuka.

Lahadin nan ban zauna a kujerar wasa ba. Na buɗe teburi na koma gefe ina kallo, don kar wani ya ce na sa hannu. Maama ta yi wanka ta sa doguwar rigarta ruwan zuma, ta ɗaura ɗankwali sabo, har da kwalli, kamar mai zuwa biki. Ta sa na dafa mata shayi mai citta na ajiye a gefenta.

Sarkin Hanya aka fara kora, ya tafi neman akuyarsa yana tsine wa katin. Sauran suka bi ɗaya bayan ɗaya. Twaha yana wasa, ba laifi, amma bakinsa a rufe. Maama tana bin sa da ido kamar mai duba ɗinkin almajirinta. Rana ta yi ja a labule lokacin da teburi ya rage su biyu, ƙwandalolinsa sun ɗan fi nata.

Aka raba. Daga inda nake ina ganin katin Maama: bakwai da biyu, mabambanta, mafi lalacewar abin da za a ba mutum. Aka baje na tsakiya, ba abin da ya haɗu da nata. Ta kurɓi shayi, ta goge baki, ta yi wuf ta tura duk abin da take da shi.

Tarko ne. Ba ta da komai, so take ta ga ko zai kama ta. In ya bi ta, ya kori surukarsa daga teburi a gaban jama'a. In ya janye, ita da ni mun san abin da za a faɗa wa Ssenga.

Agogonsa ya fara ci. Koren layin da ke ƙirga masa lokaci ya koma rawaya. Wayata ta yi ƙara, saƙonsa ne: "Nuru???" Ina ganin katinta da idona, yatsana yana kan waya. Kalma ɗaya ta isa. Na kife wayar a tabarma na zauna a kan hannuna. Teburina ne. Ba a yi haka a teburina ba, ba kuma za a fara ranar aurena ba.

Layi ya koma ja.

Ya bi.

Katin ya buɗe: tara biyu ne kawai a hannunsa, ba wani abin kirki ba, amma sun fi babu. Ƙwandalolin Maama suka zarce gabansa gaba ɗaya, kambi ya sauka a kan Tartsatsi. Alamar yana rubutu ta fito, ta ɓace, ta sake fitowa. Sannan:

"Almakashi, ka yi saurin turawa. Tsohon banza, ka dakushe."

Maama ta yi wata irin dariya har shayi ya zube a sabuwar rigar. Ta riƙe ciki, ta share hawaye da bakin ɗankwali. "Ɗan banza! Da maganata ya kama ni!" Tana dariyar ta kira Ssenga. "Jalia, na duba halinsa. Ranar Asabar ki naɗe kaza a ganyen ayaba... Kartar? Na bincika da kaina. Ba ya ha'inci, ba ya tsoro. Ke dai dafa."

Na tashi na yi rawa a tsakar falo, ba kiɗa. Amma da na koma kan wayata sai na ga rubutu ƙarami a ƙasan teburi: Almakashi ya fita.

"Maama?"

"Daga Asabar surukina ne," ta ce tana goge rigarta. "Ba zan zauna teburi ɗaya da shi ba, shi ma ba zai iya ba. Haka muka tarar." Ta shiga ɗaki ta ja labule.

Asabar ta yi kyau, ba zan ɓoye muku ba. Twaha ya zo gidan Ssenga cikin farar kanzu, doguwar rigar mazanmu, da kwat, da yayansa da abokai biyu, da sukari da sabulu da nama. Ƙafarsa ta yi ta rawa a ƙarƙashin kanzu, Ssenga ta ce alamar mai neman na kansa ce. Amma ni duk ina tunanin kujerar da ta zama fanko, da keken da nake tsoron ya sake yin ƙura.

Washegari bayan la'asar na buɗe teburi. Maama tana shago, ina jin keke yana tafiya. Mutane suka shigo. Sarkin Hanya da akuyarsa ya tambayi ina Almakashi, na ce ya yi ritaya.

Sai keken ya tsaya.

Wayata ta yi ƙara: sabon ɗan wasa yana neman izinin shiga. Sunansa Direban Tirela, hotonsa wani ƙaton mutum mai gashin baki. Ni kuwa ban ba wani sabon mutum lambar shiga ba. Mutum ɗaya ne ya san inda nake ajiye wayata in na shiga wanka.

Na kalli labulen shago. Bai motsa ba.

Na danna izini.

Saƙon Twaha ya shigo ta gefe: "Nuru, wane ne wannan kuma?"

"Dokar teburi," na rubuta.

Sai a gaban kowa Tartsatsi ya rubuta, "Direba, sannu da zuwa. Ka zo da hoton akuyarka, ko in ara maka?"

Daga bayan labule na ji an kurɓi shayi, an ce ƙasa-ƙasa, "Za ka ci ƙaniyarka, yaro."